Rubu'in Hatimin Drosari

A ƙasarmu ta Drosari hatimin gari bai taɓa kwana a hannun mutum ɗaya ba. Kakanninmu sun san halin junansu sarai, shi ya sa suka sa maƙeri ya zuba shi da tagulla, ya tsaga shi gida huɗu. Dattawa huɗu kowa ya riƙe rubu'i, Fada, limamin cocinmu, kuma ya riƙe zoben ƙarfen da ake ɗaure su da shi. Mutanen ƙauyukanmu ba su iya karatu ba, amma sun iya ƙirga huɗu. In aka kawo musu takarda, ba sa tambayar abin da ke ciki sai sun duba gindinta. In gicciyen da ke jikin hatimin ya fito da hannuwansa huɗu cif, magana ta zama ta gari, ko wuta aka ce a shiga za a shiga. In kuwa suka ga giɓi, sai su naɗe maka takardarka da ladabi su koma wajen awakinsu.

Rubu'in sama na dama yana gidan Kir Sarandos Drugas tun zamanin kakansa. Gonakin inabinsa sun tashi daga bakin rafi har gindin dutse, itatuwan zaitun kuwa shi kansa bai san adadinsu ba. Shekara ashirin da shida shi ne bakin Drosari a gaban Turkawa. Da hantsi ya sha gahawa da alƙalinsu, da la'asar ya aika wa 'yan bindigar kan dutse gurasa da cuku, kowane ɓangare na ganin nasa ne. In ana neman gwanin raba ƙafa a duk yankinmu na Moriya, ba sai an wuce ƙofar gidansa ba. Amma ni ba zan zage shi a kan haka ba, don cikin shekarun nan ashirin da shida ba a ƙone rumbu ko ɗaya a ƙasarmu ba, kuma masu zaginsa a inuwarsa suka tara furfura.

Abu ɗaya ne ya gagari dabararsa, shi ne ɗansa Mantos. Shi kaɗai Allah ya bar musu cikin biyar. An tura shi birnin Patras ya koyi cinikin zabibi, sai ya dawo da kai ya ɗauki zafi. Ya daina dariya in ubansa ya ba da labarin yadda ya yi wa alƙali wayo. Kullum yana bayan gida yana goge wata tsohuwar bindiga, ana kuma raɗe-raɗin ya ɗora hannu a kan Linjila ya yi wata rantsuwa da ba a faɗa.

A farkon babban azumin coci na shekara ta dubu da ɗari takwas da ashirin da ɗaya, takarda ta zo daga birnin Tiribolitsa, fadar Basha, gwamnan Turkawa. Ana kiran manyan Girkawa su zo shawara. Ko jariri ya san ba shawara ba ce, jingina ce: Turkawa sun ji ƙanshin tawaye, suna so su riƙe kawuna a hannu don jiki ya kwanta. Dattawa da yawa suka kwanta ciwon ƙarya. Kir Sarandos kuwa da ya karanta sai ya yi murmushi, don shi ya san wannan zaman. Sau biyu yana saurayi ya je a madadin ubansa. Ɗaki aka ba shi mai darduma, da gahawa da lofe, ya yi kwana arba'in yana wasan dara da 'ya'yan manyan Turkawa, ya dawo da kumatu. A ganinsa, in ƙasa za ta kama da wuta, babu wurin da ya fi cikin gidan Basha aminci ga yaro mai son bindiga.

Bai tsaya nan ba. Al'ada ce wakili ya tafi da shaidar wanda ya aiko shi. Sai ya buɗe akwati ya ɗauko rubu'in hatimin ya damƙa wa Mantos. Yaro ya yi nisa da mutanen dutse, hatimin Drosari kuma ba zai cika ba, balle a buga shi a takardar tawaye. Rannan Kir Sarandos ya ci abinci har da neman ƙari.

Ranar tafiyar ta faɗo Asabar ɗin matattu, lokacin da mata ke kai dafaffiyar alkama coci saboda waɗanda suka riga mu. Kira Zambeta, uwar Mantos, ta fito da tata a faranti, an yayyafa mata rumman da zabibi. Mantos yana kan alfadari ya miƙo hannu ya dumbuza.

"Kai, ɗan nema! Ba a kai ta coci ba tukuna!"

"Kaka ba zai yi fushi ba, Inna, shi ma ɓarawon faranti ne." Ya tauna, ya yamutsa fuska. "Kin yi rowar zabibi. Ranar da za ki dafa tawa, ki cika mata zabibi, na gonar bakin rafi."

Ta tofar da yawu sau uku, ta kai masa duka a gwiwa. "Bakinka ya sari ɗanyen kashi! Ana dafa wa mai rai ne? Kai za ka dafa tawa, ka ji ni ko?"

Ya yi dariya, ya sunkuya ya sumbaci hannunta. Da ya zo kan ubansa sai ya sumbaci hannun ba tare da ya ɗaga ido ba, ya ce, "Na gode da amana, Baba." Kir Sarandos ya juya kalmar nan a ransa har alfadarin ya sha kwana, bai gane ko godiya ce ko gatse ba.

Mako na farko labari ya zo mai daɗi: ɗaki, darduma, gahawa. Mako na biyu aka ce an karɓe musu wuƙaƙe. Mako na uku aka ce an hana su fita kasuwa, an tara su ɗaki ɗaya da mai gadi a ƙofa. Daga nan Kir Sarandos ya fara zaman baranda yana kallon hanya. Duk ƙurar da ta taso sai ya miƙe, ya ga garken tumaki ne, ya koma ya zauna. Carbin ambar ɗinsa ya tsinke sau biyu.

Ran Alhamis na mako na huɗu baƙi suka hau matakala ba sallama. Baba Blasis ne, mafi tsufa a dattawan huɗu, yana dogara sanda, bayansa Kapetan Gabras, shugaban 'yan bindigar dutse, wanda shekara goma sha bakwai bai shigo gari da rana ba. Ga shi yau da rana tsaka, bindigogi biyu a ɗamara, yana wari kamar bunsuru.

"Ranka ya daɗe, mai gonaki," in ji Gabras, ya zauna a kan dardumar ba a ce ya zauna ba. "Na zo godiyar cuku. Ko da yake na bana ya yi gishiri."

"Azumi ake, Kapetan. Wa ya ce ka ci?"

"Mu a dutse Fada ba ya ganinmu."

Baba Blasis ya ɗaga hannu. "Ku bar wasa. Sarandos, garin Kalabrita ya yi tawaye. Mutanen yankin Mani sun sauko daga dutse. Ran Lahadi bayan addu'a za mu fitar da takarda zuwa ƙauyuka goma sha ɗaya, kowane gida ya ba da namiji ɗaya da bindiga ko lauje. Mu uku mun yarda. Saura naka."

"Nawa yana Tiribolitsa, Baba. Kowa ya gani na ba yaro."

"Kowa ya gani," in ji Gabras. "Ai don kowa ya gani aka yi. Wallahi in wayo yana kashe Baturke, da kai kaɗai ka ishe mu yaƙin nan."

"Kai kana da ɗa a hannunsu?"

"Ina da uku a ƙasa, tun ba a haifi naka ba. Ka tambayi abokinka alƙali."

Baba Blasis ya yi tari, ya jingina haɓa a kan sanda. "Ka san mutanenmu. In suka ga giɓi ba mai fitowa. Gabras da mutum arba'in ba za su tsare mashigar dutse ba. Sojojin Basha kuwa in suka wuce mashigar, ba za su tsaya duba gindin takarda ba. Amma ba mu ce ka yi tsafi ba. In babu, babu. Za mu buga da uku."

"Mu kuma karanta sunan mai giɓin a bakin coci," in ji Gabras, "don kada 'yan baya su yi ta tambaya."

Bayan sun sauka Kir Sarandos ya zauna yana lissafi, sai ya ga har yanzu dabararsa na tsaye da ƙafarta. Takarda za ta fita da giɓi. Kwafinta zai isa Tiribolitsa kafin kwana uku, don a garinmu ko tusa ka yi Basha zai ji. Za a kira Mantos, ya ciro rubu'in daga aljihu ya ajiye a gabansu: ga shi, gidanmu bai sa hannu ba. Za a zage shi a bakin coci, wataƙila a sare masa inabi. To, a sare. Inabi yana tohowa.

Ran Asabar da hantsi mai alfadarin Arif Aga ya kawo ƙunshin kayan wanki. Arif Aga maƙwabcinsu ne, Baturke mai gonaki a tsallaken rafi, shi ke aika mutuminsa birni duk mako, yana kai wa Mantos zaitun da tufafi, yana dawo da masu datti. Zambeta ba ta barin wata ta taɓa kayan nan. Ta shiga da su ɗaki, tana shinshina kowace riga kafin ta ajiye. Can sai Kir Sarandos ya ji ta kira shi da sunansa tsirara, abin da ba ta yi ba tun suna amarci.

"Sarandos!"

Ya same ta a durƙushe, safar ulu a hannunta. Ta zazzage ta a tafinsa. Rubu'in hatimin ne, da ɗuminsa na tagulla, hannun gicciyen yana kallonsa.

Ya zazzage kowace riga, ya juya kowane aljihu, ya farke bakin wando. Babu wasiƙa, ko layi ɗaya. Ya zauna a kan akwati. Tsoro ne ya kama shi, irin wanda bai taɓa sani ba, don duk tsoron da ya yi a rayuwarsa mai ƙofar fita ne, wannan kuwa ya duba ko'ina bai ga ƙofa ba. Yanzu ko takarda ta fita da giɓi, in aka ce wa Mantos ina shaidarka, hannunsa wayam.

"Mantuwa ya yi," in ji Zambeta. "Ka san shi da mantuwa. Ya ɓoye a safa don kada a sace, ya manta ya jefa a wanki."

"An ɗaure bakin safar, Zambeta. Ƙulli uku."

"Na ce mantuwa ya yi!" Ta kama gaban rigarsa. "Gobe Arif Aga zai kwashe iyalinsa ya shiga birni, duk gari ya sani. Shi ne na ƙarshe da zai bi hanyar nan. Ka kai masa. Ka ce ya sa a hannun yaron, ya ce uwarsa ta ce in ya sake sakinsa ba ta yafe nono ba. Wa ya gani? Ni da kai da Budurwa Maryamu."

"Zan kai."

"Rantse."

"Na ce zan kai."

"Shekara talatin ina jin kana cewa za ka yi a gaban mutum biyu masu gaba da juna. Ni ba alƙali ba ce. Garin neman gira ka kai mini ido gidan Basha, ka ce gahawa zai sha. Rantse mini."

Ya ɗora hannu a kan hoton Budurwa da ke lungun ɗaki, ya rantse zai kai wa Arif Aga. Ko a wannan halin, Allah ya gafarta masa, ya lura cewa kaiwa ya rantse a kai, bai ce zai bayar ba. Hali zanen dutse.

Lahadi da sassafe, ƙararrawar farko na bugawa, ya tsallaka rafi. Ƙofar gidan Arif Aga ta cika da alfadarai, an ɗora katifu da tukwane da kejin kaji, mata a lulluɓe suna kuka ƙasa-ƙasa. Aga na tsaye a gindin bishiyar tut ɗin da su biyun suka sha faɗowa daga kanta suna yara. Gemunsa ya yi fari fat cikin wata ɗaya.

"Maƙwabci, ka rage mini tafiya," in ji shi. Ya ciro tarin makullai daga ɗamara. "Wannan na gida, wannan na rumbun mai, ƙaramin na ɗakin littattafan mahaifina. Rijiyar baya tana son yasa kafin zafi. In na dawo, na dawo. In ban dawo ba, kada ka bari Gabras ya ɗaure dokinsa a inda uwata take salla."

Kir Sarandos ya karɓa da hannun hagu, don na dama yana dunƙule cikin aljihu. "Ka ga yaron da idonka?"

"Ran Talata. Sun sauke su ƙasa, ɗakin da ke ƙarƙashin fada. Su kusan arba'in, taga ɗaya. Ba a sa musu sarƙa ba tukuna, amma na ga maƙeri a tsakar gida." Ya dubi aljihun. "Ya iso ke nan."

"Ka sani?"

"A gabana ya ɗaure safar. Na ce masa, ɗana, wannan guntuwar tagullar ita ce wuyanka. Ya ce ya sani."

"In na ba ka ka mayar, za ta tsare shi?"

Aga ya shafa gemu. "Ba zan yi maka ƙarya ranar rabuwa ba. In takardarku ta zo da giɓi, shi kuma ya nuna nasa, ina da bakin da zan yi magana. Zan ce gidan Drugas bai ci amana ba, a ba ni yaron in ajiye a gidana. Ina jin za su ba ni. In ta zo a cike, wallahi ko ƙofar fadar ba zan iya tunkara ba, ni ma ta kaina zan yi. Kawo." Ya buɗe tafinsa.

Kir Sarandos ya fito da hannun daga aljihu.

"Sai dai akwai saƙo," in ji Aga. "Ya ce kada in faɗa sai in ka zo mayarwa. Amana ce, ba ni da ikon haɗiye ta."

"Faɗi."

"Ya ce, ka gaya wa Baba na san dalilin da ya sa ya turo ni, kuma ban ƙi ba, don uba ne. Amma ƙauye goma sha ɗaya ba za su zauna jiran yanka saboda wuyana ba. In ya dawo da shi zan karɓa, zan nuna wa Basha, zan rayu yadda yake so. Sai dai daga ranar ya nemi wanda zai gaji inabinsa, don ba zan sake taka Drosari ba, ba kuma zan iya kallon fuskarsa ba." Aga ya sauke murya. "Yaro ne, Sarandos. Yara suna faɗin abin da ya fi bakinsu. Shekara biyar, goma, zai huce. Mai rai shi ke hucewa. Kawo, rana tana yi."

Gaskiya Aga ya faɗa, kuma Kir Sarandos ya san gaskiya ce. Hannunsa yana bisa tafin Aga, tsakaninsu bai kai taƙi ɗaya ba. Abin da ya rage kawai ya buɗe yatsu. A tsallaken rafi ƙararrawa ta biyu ta fara.

Daga baya, da aka sami 'yancin ƙasa, masu jawabi sun sha cewa kishin Girka ne ya riƙe yatsun nan. Ni dai na san mutumin, ban kuma yarda ba. Abin da ya gani a lokacin shi ne kan Mantos a sunkuye bisa hannunsa ranar tafiya, idon da ya ƙi ɗagowa. Ya auna shekarun da suka rage masa da wannan sunkuyayyen kan, sai ya ji ba zai iya ba. Ya fi tsoron idon ɗansa a kan mutuwar ɗansa. Ko wannan ƙauna ce ko son kai, ku yanke da kanku, shi ma har ya mutu bai yanke ba.

Ya mayar da hannun aljihu.

Arif Aga ya dubi tafinsa wayam, ya rufe shi a hankali. "Allah ya sa ka san abin da kake yi, maƙwabci."

"Yau kam ban sani ba. Ka ce masa..." Ya tsaya. Mutumin da ya shekara ashirin da shida yana sarrafa magana a gaban masu takobi ya rasa kalma ɗaya. "Ka ce masa uwarsa ta wanke kayan."

Suka rungumi juna, makullan suna ƙara a tsakaninsu. Daga nan kowa ya kama hanyarsa bai waiwaya ba.

Ya tarar an fito daga coci, filin ya cika maƙil har kan katanga. An ajiye tebur a gindin bishiyar durumin Turai da ke tsakiyar fili, takardu goma sha ɗaya a jere. Fada Yerasimos yana ta fama da zobe, ya cusa guntun itace a gurbin rubu'i na huɗu don sauran su zauna, itacen yana ta zamewa. Mutanen ƙauyuka sun miƙa wuya suna kallo, wasu har sun fara ɗaure jakunkunansu na komawa.

"Ku buɗe hanya!" Gabras ya daka tsawa. "Ga mai giɓi ya zo jin sunansa. Kai, har da makullan Aga! An bar maka gadon ne, ranka ya daɗe, ko gadi?"

Aka yi dariya, ba mai yawa ba. Kir Sarandos bai dube shi ba. Ya isa tebur, ya zare guntun itacen ya jefar, ya ajiye tagullarsa. Ƙarar da ta yi a kan katako ƙarama ce, amma har na kan katanga sun ji.

Baba Blasis ya sunkuya ya duba, ya ɗago. "Daga ina?"

"Daga Tiribolitsa. Cikin safa."

"Yaron fa?"

"Yana can."

Gabras ya cire hularsa, abin da ko a gaban bagade ba ya yi. Fada ya haɗa huɗun, ya ɗaure zobe, ya miƙa wa Baba Blasis don shi ne babba. Tsohon ya girgiza kai, ya nuna Kir Sarandos da haɓa.

Sau goma sha ɗaya ya tsoma a tawada, sau goma sha ɗaya ya danna. Ya ƙirga kowanne. A na farko ya ce a ransa wataƙila kwafin ba zai isa birni ba. A na huɗu ya ce wataƙila Basha zai riƙe su don musaya, ai kai mai rai ya fi tsada. A na bakwai dabaru suka ƙare masa, ya ci gaba da dannawa kawai. Tawada ta ɓata masa yatsu uku. Fada ya ɗaga takarda sama, gicciye ya fito da hannu huɗu, sai fili ya ɓarke. Aka hau harbi sama, wani ya rataya a igiyar ƙararrawa kamar zai tsinke ta, tsofaffi suna kuka, ana ta kama hannunsa ana sumbata. Shi kuwa abin da yake tunani shi ne daga barandar gidansa ana jin ƙararrawar nan sarai.

Ya zame ta bayan coci ya nufi gida. Tafiyar ba ta kai a sha lofe ɗaya ba, amma sau biyu yana tsayawa ya dafa katanga.

Zambeta ba ta je coci ba ranar. Ya same ta a tsakar gida, zaune a ƙasa, rigunan Mantos a shanye bisa igiya suna ɗiga. Faranti ne babba a cinyarta, cike da alkama, tana tsince tsakuwa ɗaya bayan ɗaya. A gefenta ga tukunyar tagulla, wadda ba a saukowa da ita sai don dafa alkamar matattu. Ba ta ɗago ba. Idonta ya sauka a kan yatsunsa, ya koma kan faranti.

"Na kai," in ji shi. "Na kai masa, Zambeta, kamar yadda na rantse. Yaron ne ya aiko da magana, ya ce..."

"Na ji ƙararrawa."

"Ki saurara ki ji abin da ya ce."

"Ni na haife shi. Na san abin da zai ce tun kafin ya yi haƙori. Kai aka aika don kada a biye masa."

Ya dubi tukunyar. "Mayar da wannan. Yaron yana da rai. Arif ya gan shi ran Talata, da ƙafafunsa. Ba a dafa wa mai rai, ke kika faɗa da bakinki."

"Ban dafa ba. Tsincewa nake." Ta ɗauke wata tsakuwa ta ajiye a gefe. "Ba na so labari ya zo ya same ni da alkama mai datti."

Harbi yana ta tashi daga fili, ana kiran sunan Drugas, ana amsawa. Ya tsaya a tsakiyar gidansa, makullan wani a hannu ɗaya, tawada a ɗayan, bai san inda zai ajiye kansa ba.

"Tunda kana tsaye," in ji ta, muryarta ba ta ko rawa, "shiga rumbu ka ɗebo zabibi. Na gonar bakin rafi. Ya ce a cika."

Ya ajiye makullan a bakin rijiya, ya ɗauki kwanon da ta tura masa da ƙafa, ya nufi rumbu.